Fis da Madara

Ruwa ya ɗauke bayan La'asar,
kwatocin Kakuri na gudu da ledoji.
Na sauko daga Keke da ƙulli ɗaya a hannu,
fis ne ɗanye, cikin kwansonsa, daga kasuwar Tasha.
Mai kayan ya rantse da asuba ya sauka daga Jos,
ya yi min gyara da kwanso uku. Na ƙirga.

Baba Tanimu na kan kujerarsa ta roba,
fuskarsa ga ƙofa, kamar mai jiran jirgin Kafanchan.
Shekara talatin da ɗaya yana kuku
a masaukin baƙi na Reluwe,
farar riga, farar hula, wuƙa ba ta kwana da dauɗa.
Yau ya dube ni sama da ƙasa,
ya tambaye ni 'yar gidan wa ce.
Na ce ta nan gidan ce, Baba.
Ya ce madalla, in kin koma ki gaida su.

Na shiga kicin ban cire gyale ba.

Babban yatsa ke tsaga kwanso,
su zubo cikin kwanon silba, ƙwal, ƙwal, ƙwal,
kore shar, kamar ba su san tsadar gari ba.
Ɗaya ya yi tsalle ya shige ƙarƙashin kabad,
na bar wa ɓera rabonsa.

Risho ya yi tarinsa, sannan ya kama.
Ruwa ya tafasa, na jefa gishiri, na juye su,
ba a barinsu su daɗe, kar korensu ya mutu.
Na tsane a kwando.
Bota cokali biyu a tukunya,
rabin albasa, yanka ƙanana har ido ya kawo ruwa,
to, ga dalili ya samu.
Fulawa cokali ɗaya, na juya har ƙamshi ya tashi.
Madarar gwangwani ta fi ƙarfina wannan watan,
ta gari na dama da ruwan ɗumi,
na tuttula gaba ɗaya, hankalina na wani wuri.
Tukunya ta yi cuuu,
gudaji suka fara taruwa kamar 'yan kallon faɗa.

Sai murya daga falo,
tsohuwar murya, mai kaifi, ta mai gidan wuta:
"Ke Lantana! Rage wutar nan.
Madara ba ta son gaggawa.
Kaɗan-kaɗan ake zubawa, hannu na juyawa."

Ludayi ya tsaya a hannuna.
Wata huɗu ke nan rabon da sunana
ya fito daga bakin nan.

Na rage wutar.
Na murje gudajin a jikin tukunya, ɗaya bayan ɗaya,
har romon ya yi sumul, ya kama bayan cokali.
Fis suka koma ciki, suka nutse, suka leƙo.
Masoro ɗan yatsa biyu, ba ƙari.

Ba abincin biki ba ne,
ba wanda zai aiko yaro da kwano daga maƙwabta.
Gefen faranti yake zama,
kusa da shinkafar rana da na ɗumama,
mai laushi, dadashi ma ya isa,
ga wanda haƙora suka riga shi ritaya.

Ya ɗiba, ya rufe ido, ya daɗe yana juyawa a baki.
A waje mai gasa masara na fifita garwashi,
wutar lantarki ta zo, ta duba mu, ta koma.
Ya ce, "Gishiri bai ji ba."
Na kawo gishiri, ya barbaɗa da kansa,
daga sama, yadda ya saba.

Ya cinye, ya suɗe cokali,
ya miƙo min farantin da hannu biyu.
Ya ce, "Yarinya, wa ya koya miki wannan?"

Na ce wani kuku ne, Baba, a Reluwe.
Ya ce, "Ya iya aiki."